DOKA TA SHIGO CIKIN SALULA, SAURA MU IYA NEMANTA DA TANTANCE TA



Kowace shekara, da zarar gero ya nuna aka fara ɗaurin damma a ƙasar Tsauni da sauran garuruwan gundumar Kance, sai magana ɗaya ta dawo bakin jama'a, wato "doka ta ce". Manomin da shanu suka shiga gonarsa yana cewa doka ta ce a biya shi. Makiyayin da aka tsare wa bisashe yana cewa doka ta ce a sakar masa. Mai sayar da maganin ƙwari a kasuwa yana cewa doka ta yarda da hajarsa. Amma in ka tambaya wace doka ce, mene ne lambarta, a wace shekara aka kafa ta, wane ne ya sa mata hannu, sai ka ji shiru. Kowa ya ji ne daga bakin wani, shi ma wanin daga bakin wani ya ji.

Ra'ayina shi ne lokaci ya yi da kowane gari zai mallaki dokokin da suka shafi gonarsa da dabbarsa da lafiyar iyalinsa, a rubuce, yadda hukuma ta fitar da su. A da wannan abu ne mai wuya, domin sai an je Damagaram ko Yamai. Yau wayar salula da intanet sun rage nisan tafiyar. Sai dai hanyar da ke kawo takardar gaskiya, ita ce kuma ke kawo ta ƙarya. Don haka neman doka da tantance ta wani karatu ne da ya kamata mu koya kamar yadda muka koyi baƙaƙe da wasula.

INA DOKA TAKE ZAUNE?

Dokokin ƙasarmu Nijar hawa hawa ne, kuma da Faransanci ake rubuta sunayensu. A sama akwai wadda ake kira loi, da takwararta ordonnance, wadda shugaban ƙasa ke sa wa hannu a lokacin da babu majalisar dokoki ko kuma da izninta. Ƙarƙashinsu akwai décret, wanda galibi shi ke bayyana yadda za a yi aiki da babbar doka. Daga nan sai arrêté, wanda minista ko gwamna ko perefe ko shugaban ƙaramar hukuma ke ɗauka. Ƙa'ida ita ce ta ƙasa ba ta saɓa wa ta sama. Wanda ya riƙe wannan ƙa'ida kaɗai ya tsira daga ruɗu mai yawa.

Gidan asali na manyan dokoki shi ne jaridar hukuma da ake kira Journal Officiel, wadda ake bugawa a Yamai. Abin da aka buga a cikinta shi ne abin dogaro. Amma manomi nawa ne a ƙasarmu ya taɓa ganin wannan jarida da idonsa? Alhali ana cewa rashin sanin doka ba hujja ba ne a gaban alƙali. Ashe kuwa an ɗora wa talaka nauyin sanin abin da ba a kai masa ba.

A nan ne intanet ta yi rana. Ƙungiyar majalisun manoma ta ƙasa, wato RECA, tana sanya dokoki da takardun bayani masu yawa game da noma da kiwo a shafinta, wasu ma da Hausa, har da na saurare. Hukumar abinci da aikin gona ta Majalisar Ɗinkin Duniya, wato FAO, tana da rumbun dokoki mai suna FAOLEX, inda aka tara dokokin gona da ruwa da daji da kiwo na ƙasashen duniya, har da namu. Ga kuma shafukan ma'aikatun gwamnati. Da yawa daga cikin takardun nan ana sauke su kyauta, kuɗin intanet kawai mutum zai biya. In an sauke sau ɗaya, takarda ta zauna cikin waya, ana iya tura wa wani ko a kai ta Matamaye a buga a kan takarda.

GONA DA BURTALI

Mu ɗauki misali na farko, wanda ya fi kowane zafi. Ranar 2 ga Maris 1993 aka kafa doka mai lamba 93-015, uwar dokokin karkara, waɗanda ake kira Code Rural. Aya ta 5 ta wannan doka ta ce haƙƙin da mutum yake da shi a kan albarkatun ƙasa, ko ta hanyar al'ada ya same shi ko ta hanyar rubutacciyar doka, kariya ɗaya ake ba shi. Ma'ana, gonar da ka gada wajen kakanka ba ta gaza wadda aka saya da takarda daraja ba. Wannan doka ce ta haifar da hukumomin kula da filaye da muke kira Kofo. Na farko an girka su a 1994, a Mirya da Maine Sorowa. Daga baya aka kai su gunduma da ƙaramar hukuma har zuwa ƙauye, inda mai gari ke shugabanta.

Amfanin Kofo shi ne rubuta shaidar gado da saye da kyauta da aro da haya da jingina. Sau nawa muka ga gonar da aka ba da aro shekara talatin, mai bayarwa da mai karɓa duk sun rasu, shaidu sun rasu, ƴaƴa suna rantse rantse a gaban sarki? A ƙasa irin tamu, inda jama'a ta yi yawa gonaki suka tsuke, kowace kunya tana da mai ita. Takarda guda da aka rubuta ranar da aka yi aron ta isa ta kashe wutar da za ta ci zumuncin gida biyu.

Ranar 20 ga Mayu 2010 kuma aka kafa doka mai lamba 2010-029, wadda ta shafi kiwo. Ta tabbatar da cewa yawon kiwo haƙƙi ne na makiyayi. Ta kare burtali da makiyaya, ba a yarda wani ya mai da su gonarsa ba. Ta tsara rufe gonaki da sakinsu, inda hukuma ke tsai da rana bayan ta ji shawarar sarakuna da ƙungiyoyin manoma da na makiyaya. Ta ce bayan ranar sakin gonaki ba a neman diyyar ɓarna a gonar damina. Ta kuma ce in dabbobi sun yi ɓarna, mai su ya amsa laifi a gaban hukuma, ba a ci gaba da tsare masa su.

Ku duba da kyau, jama'a. Wannan doka tana da abin da zai daɗaɗa wa makiyayi, tana kuma da abin da zai daɗaɗa wa manomi, domin kafin ranar saki amfanin gona abin karewa ne, wanda ya ɓata shi zai biya. Wanda ya ji rabinta kawai daga bakin ɗan uwansa zai ɗauka gaskiya duk tasa ce, ya zaro sanda. Wanda ya ji ta dukanta zai san inda haƙƙinsa ya tsaya, na wani ya fara. Ba mu manta da abin da ya faru a Toda, cikin jihar Maraɗi, a watan Oktoba 1991 ba, inda rikicin manoma da makiyaya ya ci rayuka fiye da 100, mafi yawansu mata da yara. Allah ya kiyaye mu da sake ganin irinsa. Takarda ba ta hana fushi, amma tana ba mai gari da sarki abin da za su nuna wa masu fushi.

Wani abin lura shi ne ranar sakin gonaki ba ta cikin babbar doka. Kowace shekara ake tsai da ita bisa yadda damina ta kasance. Don haka takardar bara ba ta aiki bana. Wannan sanarwa a nemi ta wajen ofishin perefe ko ƙaramar hukuma ko mai gari, ko a saurare ta a rediyo, kada a dogara da hoton da wani ya turo ba kwanan wata.

GAWON DA KA RENA

Misali na biyu shi ne itace. Ƙasashen Matamaye da Magarya da Mirya sun yi suna har a ƙetare saboda yadda manoma suka rena gawo da sauran itatuwa cikin gonakinsu ta hanyar sassaben zamani. Amma dattawa suna tuna zamanin dokar daji ta 1974, lokacin da manomi ke ganin itacen da ke gonarsa kamar na hukuma ne, har wani ya gwammace ya tumɓuke tsiro tun yana ƙarami don kada ya jawo masa tara. An sake dokar daji ranar 8 ga Yuni 2004, da doka mai lamba 2004-040. A watan Yuli 2020 kuma gwamnati ta fitar da décret na musamman a kan sassaben zamani, wanda ya amince da haƙƙin manomi na cin moriyar itatuwan da ya rena.

Darasin da ke nan babba ne. Tsofaffin dokoki ba su ɓacewa daga intanet don an soke su. Mutum na iya sauke dokar 1974, da hatiminta da lambarta, ya tsorata mutane da ita, alhali an daɗe da maye gurbinta. Wani kuma na iya jin labarin sabuwar, ya ɗauka an ba shi iznin sare duk abin da ya ga dama. Duka biyun kuskure ne. Abin da ya dace shi ne a riƙe takardar 2020 a hannu, a je wajen malamin daji kafin a ɗaga gatari, a karanta tare.

MAGANIN ƘWARI DA LAFIYAR IYALI

Misali na uku ya haɗa gona da lafiya. Muna dab da iyakar Najeriya, kuma magungunan ƙwari iri iri suna shigowa kasuwanninmu, wasu a kwalbarsu ta asali, wasu an ɗura su cikin gorar lemo ba suna ba bayani. Masu lambu na fesa su a kan kabeji da tumatir da tattasai, wasu har suna zuba su cikin wake don kada ya yi ƙwari. Ƙasashen ƙungiyar yaƙi da fari ta Sahel, wato CILSS, sun kafa ƙa'ida ɗaya a kan wannan tun 1992. Kwamitinsu na masana, mai mazauni a Bamako, ya riƙa gwada magunguna yana fitar da jerin waɗanda aka amince da su, yana kuma haramta wasu. Endosulfan, alal misali, tun 2007 aka haramta shi. A gida kuma akwai dokar kare tsirrai ta 2015.

Jerin magungunan da aka amince da su yana canjawa, ana ƙara wasu ana cire wasu, kuma RECA takan yi bayaninsa ga manoma. Wanda ya sauke jerin na baya bayan nan yana iya duba sunan sinadarin da aka rubuta a jikin kwalba, ya ga ko yana ciki, da kuma irin shukar da aka yarda a fesa masa. Maganin da aka yi don auduga ba na salatin da yara za su ci jibi ba ne. Dubawar minti biyar ta fi jinyar wata guda sauƙi, rigakafi kuwa ya fi magani.

Haka abin yake a gidan likita. A watan Nuwamba 2005 gwamnati ta mai da aikin fiɗar haihuwa kyauta. A watan Afrilu 2006 ta ƙara da awon ciki da kula da yara ƴan ƙasa da shekara 5. A watan Agusta 2024 kuma ta yanke shawarar rage rabin kuɗin jinya a asibitocin gwamnati da mai da haihuwa kyauta, daga 1 ga Satumba na wannan shekarar. Uwar da ta san da waɗannan ba za ta zauna da yaro mai zazzaɓin cizon sauro kwana uku a ɗaki don tsoron kuɗi ba. A cikin damina, kwana ukun nan su ne tsakanin rai da mutuwa.

YADDA AKE GANE TAKARDAR GASKIYA

Ga abubuwa shida da duk mai sauke doka ya kamata ya duba.

1. Sunan ƙasa. A ga an rubuta République du Niger a sama. Dokar Najeriya ko ta Mali ko ta Faransa, kome kyanta, ba ta aiki a Tsauni. In kana nema, rubuta kalmar Niger tare da lambar dokar da shekararta.

2. Iri da lamba da kwanan wata. Kowace doka ta gaskiya tana da su. Wadda ba ta da su jita jita ce da aka yi wa ado.

3. Kalmar projet. In ka gan ta a kai, to daftari ne, ba a riga an amince da shi ba.

4. Shafin ƙarshe. A nan ake ganin wanda ya sa hannu, a nan kuma ake faɗin dokokin da wannan ta soke. Kada ka karɓi shafi ɗaya da aka yanko daga tsakiya.

5. Inda ta fito. Wadda ka sauke da kanka daga shafin ma'aikata ko na RECA ko na FAO ta fi wadda ta yi ta yawo a WhatsApp. In ka same ta wuri biyu kuma sun dace, hankali ya fi kwanciya.

6. Tambayar ma'aikaci. Ka kai ta wajen sakataren Kofo ko malamin gona ko malamin daji ko shugaban gidan likita, ka ce, ranka ya daɗe, wannan tana aiki har yanzu? Matambayi ba ya ɓata.

ABIN DA MASU JA SUKE CEWA

Wasu za su ce, malam, duk wannan da Faransanci yake, mu kuwa ko Hausar da ƙyar muke haɗa baƙi. Gaskiya ne, kuma shi ne babban cikas. Amma ba a ce kowa sai ya karanta da kansa ba. Babu garin da ba shi da malamin lakwal ko ɗalibin kwaleji ko tsohon ma'aikaci. Mutum ɗaya ya karanta, na biyu ya duba fassararsa, jama'a su saurara. Sharaɗin kawai shi ne a karanta a bainar jama'a, don kada mai karatu ya zama sabon mai cin amanar marasa karatu.

Wasu za su ce wannan zai sa yara su raina manya, kowane saurayi ya zo fada yana kaɗa waya. Wannan tsoro yana da tushe. Sai dai dokar 1993 da kanta ta ce rikicin filaye a fara kai shi gaban sarakunan gargajiya don sulhu, a rubuta abin da aka cim ma, kafin a je gaban alƙali. Ashe wanda ya karanta ta sosai zai ƙara girmama mai gari ne. Takarda fitila ce da ake kawo wa fada don kowa ya gani, kuma da ladabi ake miƙa ta.

Wasu kuma za su ce mene ne amfanin sanin doka in ba a aiki da ita? An ce magani kyauta, ka je a ce ya ƙare. Wannan ma ya faru, domin shekaru da dama kuɗin da gwamnati ke mayar wa gidajen likita sun riƙa makara, har akwatin magani ya bushe. Amma wanda ya san abin da aka rubuta zai san inda matsalar take. Ba zai zagi ma'aikaciyar da ba ta da laifi ba, zai sa kwamitin gidan likita ya kai kuka inda ya dace. Wanda bai sani ba kuwa, ko an karɓi abin da bai kamata ba, godiya zai yi.

KIRA GA HUKUMA DA JAMA'A

Tun ranar 23 ga Fabrairu 2011 ƙasarmu ta kafa doka mai lamba 2011-22, wadda ta ba ɗan ƙasa damar neman bayanai da takardun hukuma. A watan Maris 2025 kuma kundin sake gina ƙasa ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa. In haka ne, ba roƙon alfarma muke yi ba in mun ce a fassara mana dokokin gona da kiwo da daji da lafiya, fassara ta hukuma mai hatimi, a sa ta a intanet kusa da ta Faransanci, a kuma naɗi muryarta don wanda bai iya karatu ba. Muna kira ga ma'aikatu su riƙa nuna wace doka ce ke aiki, wace ce aka soke. Muna kira ga ƙananan hukumomi su manna sanarwar rufe gonaki da sakinsu a kasuwa da ƙofar mai gari, gidajen likita kuma su manna farashin jinya da jerin abin da yake kyauta inda kowa zai gani.

Mu ma muna da namu aikin, kuma ba sai mun jira kowa ba. Kowane gari ya zaɓi mutum biyu amintattu, namiji da mace. A yi karo karo a sauke dokokin da muka ambata, a buga su, a sa cikin leda saboda gara da ruwa, a ajiye kwafi ɗaya wajen mai gari, ɗaya a ajin yaƙi da jahilci. Malaman aji su riƙa ɗaukar aya ɗaya kowane mako, a fassara ta, a rubuta a allo, a tattauna. Dattijon da ya koyi karatu da ayar da ke kare gonarsa ba zai yi fashin aji ba. A gayyaci makiyayan da ke zaune kusa da mu su zo a karanta tare, domin dokar ta kowa ce.

A fara wannan aiki tun da rani, lokacin da zukata ke kwance, ba a fafe gora ranar tafiya. Allah ya ba mu damina mai albarka, ya ba mu lafiya da zama lafiya tsakanin manomi da makiyayi, amin.